Farin gari a kan baƙar shadda

Ina ɗan shekara goma sha shida mahaifinmu ya damƙa ni a hannun yayana, ya ce duk hutu in riƙa bin sa shagonsa a Kantin Kwari, don kada boko ya sa in tashi ban san yadda ake neman na kai ba. Aikina bai wuce sauko da bandir daga kanta ba, in warware a gaban mai saye, in naɗe idan ba a daidaita ba. Wata rana bayan azahar, ana zafin bazara irin wanda fanka ba ta iya masa komai, wani attajiri daga Maraɗi ya shigo ya ce a nuna masa baƙar shadda. Na sauko da ita na shimfiɗa, sannan na cire hulata na share gumi, na ɗan sosa kai kamar yadda na saba. Ban ankara ba sai na ga mutumin ya sa bayan hannu yana kakkaɓe shaddar a hankali. Wani farin gari ne ya zubo daga kaina ya barbazu a kanta, kamar an yi tankaɗe a wurin. Bai ce uffan ba. Ya saya, amma sai da aka sauko masa da wani bandir ɗin daban.

Da ya fita, Yaya ya dube ni, ba cikin faɗa ba, ya ce: "Daga yau kada ka ƙara cire hula a shagon nan." Na bi umarnin fiye da yadda ya nufa. Na gama sakandare da jami'a, na yi aure, na soma koyarwa, na kare kundin digirina na uku, duk hula na kaina, ba na cire ta a gaban mutane sai ya zama dole. Ɗalibaina suna zaton son al'ada ne, ni kuwa ban taɓa gyara musu zaton ba.

Na san mai karatu zai iya cewa, a shafin da ake tattauna tsadar rayuwa da rashin tsaro, me ya kai malamin jami'a ga maganar amosanin kai? Ni ma na daɗe ina ɗaukar ta ƙaramar magana, irin wadda ake yi a kujerar mai aski a manta da ita kafin a biya kuɗi. Abin da ya sauya mini ra'ayi tabo ne a ƙeyar wani yaro, wurin da gashi ba zai ƙara tsirowa ba, kuma da hannuna a ciki.

Kalmar kanta tana da nata laifin. Bahaushe ya ɗauki "amosani" ya laƙaba wa ciwon gaɓoɓi, ya laƙaba wa sikila ya ce amosanin jini, sannan ya laƙaba wa garin da ke zubowa daga kai, alhali babu abin da ya haɗa ukun nan. Ko a kan ma, duk abin da ya yi fari-fari yana ƙaiƙayi amosani ne a wurinmu, na jariri ne, na ɗan firamare ne, ko na dattijo. Tunda suna ɗaya ne, sai magani ya zama ɗaya, kowa kuma ya zama masaninsa.

Ni dai babu masanin da bai gwada iliminsa a kaina ba. Mahaifiyarmu, Allah Ya jiƙanta, ta ce bushewa ce, ta bi ni da man kaɗanya da man shanu da alayyadi. Wanzaminmu na Fagge ya ce maganinsa ƙwal-kwabo, ya riƙa kankare mini kai yana nuna mini farin abin da ya taru a bakin aska, shaidar cewa yana aiki. Mai maganin gargajiya da lasifikarsa ya ce dattin ciki ne, sai an wanke shi da jiƙo. A jami'a abokai suka ce sabulun salo. Daga baya, da shagunan magungunan Musulunci suka yawaita a gari, na koma man zaitun. Kowanne yakan ba ni sauƙin kwana biyu, musamman mai, domin yana manne garin a fata ya hana shi zubowa, sai mutum ya ɗauka ya warke. Ranar da ka wanke kai za ka gane cewa ajiya ka yi.

Bayan na haura shekara talatin da biyar abin ya sauko fuska. Gefen hancina da girata da cikin gemuna suka soma ɓarewa, fatar wurin ta yi haske fiye da sauran fuskar. Wannan kam hula ba ta rufe shi. Na shiga wani kemis a Sabon Gari, na yi ƙasa da murya na yi wa yaron shagon bayani. Bai ko ɗago ya dubi fuskar ba, ya miƙo mini wani man shafawa a ɗan kwali, ya ce: "Alhaji, wannan uku ne a haɗe, babu abin da ba ya kashewa." Cikin kwana uku ƙaiƙayi ya ɗauke, fata ta kwanta lumui. Idan na daina shafawa, kafin mako biyu abin ya dawo ya fi na da, amma ni a lissafina laifina ne da na daina. Ban taɓa zaro 'yar takardar da ke cikin kwalin na karanta ba, ni da nake rage wa ɗalibi maki idan ya kawo ƙididdiga bai faɗi inda ya samo ta ba.

A nan sai na yi wani bayani da ba ya yi mini daɗi. Digirina na uku a fannin tattalin arziki ne, amma a Kwari "Dakta" Dakta ne. In na je gaida Yaya ranar Asabar, maƙwabtansa na layi sukan zo da takardar gwajin asibiti in karanta musu, wani ya tambaye ni maganin basir, wani na hawan jini. Da farko nakan yi dariya in ce ni likitan takarda ne. A hankali na rage faɗin haka, domin gaskiyar magana girmamawar tana yi mini daɗi. Mutumin da 'yan kasuwa suke wa kallon wanda ya ɓata ƙuruciyarsa a karatu ya ƙare da albashin da bai kai cinikin yininsu ba, idan aka samu fagen da suke sauraronsa, da wuya ya ce ba nasa ba ne.

A hunturun 2019 Yaya ya zo shago da autansa, yaro ɗan shekara takwas. Ya zare masa hula, ya juyo mini da ƙeyarsa, ya ce: "Dakta, duba mini ɗan nan naka. Ko gadon Baffansa ya yi?" Na ga wani zagaye kamar faɗin kwabo, ya yi toka-toka yana gari, gashin wurin ya kakkarye. Ban yi jinkirin ko minti ɗaya ba na ce amosani ne, hunturu ne ya tayar da shi. Na rubuta masa sunan man nan nawa a bayan rasit, na ce a shafa safe da yamma.

Makon farko da na biyu aka yi ta sa mini albarka, domin yaro ya daina susa, garin ya ɓace. A mako na biyar Yaya ya kira ni da daddare. Wurin ya kumbura ya yi tudu kamar an ɗora masa ƙosai, yana tsattsafo da ruwa da mugunya, in an taɓa gashin sai ya biyo hannu. Ga kaluluwa a wuya, ga yaro ba ya iya kwanciya rigingine. Yayarsa da yake bi wa ita ma wani ɗan zagaye ya fito mata a gefen kai.

Likitar fatar da muka gani ba ta daɗe tana dubawa ba. Ta ce makero ne, kuma kumburin nan alama ce ta jiki yana yaƙi da shi da ƙarfi. Sai ta tambayi abin da ake shafa masa. Mahaifiyarsa ta fito da kwalin daga jaka. Likita ta juya shi ta karanta, ta ce: "Wa ya ba ku wannan?" Yaya ya yi sauri ya ce a kemis aka saya. Rufa mini asiri yake yi, kamar yadda ya yi shekara ashirin da 'yan kai da suka wuce da maganar hula. Na ce: "Likita, ni na ce a saya." Ta ce: "Malam, kai ma'aikacin lafiya ne?" Na ce a'a. Ba ta ƙara kalma a kai ba, kuma da ta yi faɗa da ya fi mini sauƙi.

Abin da ta koya mana a ranar gajere ne, har yau kuma ina mamakin yadda na kai shekara arba'in ban taɓa jin sa ba. Amosanin gaske ciwon maiƙo ne, maiƙon fatar kai kuwa ba ya yawaita sai an balaga. Jariri yakan yi wani ɓawo a ka a watanninsa na farko, ya wuce da kansa. Daga nan har zuwa balaga, amosani ba kasafai yake kama yaro ba. Saboda haka duk ɗan shekara biyar ko takwas ko goma da aka ga farin gari a kansa, musamman in gashi yana kakkaryewa, makero za a fara zargi har sai gwaji ya nuna akasin haka. Shi kuwa makero yana yaɗuwa, ta aska da injin aski da mataji da hula da matashin kai. Ƙwayarsa cikin silin gashi take shiga ta zauna, inda man shafawa ba ya kai wa, don haka maganinsa na sha ne, irin su girisiyofulbin, na tsawon mako shida zuwa takwas. Man da na rubuta kuwa, ɗaya daga cikin ukun da ke cikinsa sinadarin sitiroyid ne mai ƙarfi, wanda aikinsa danne garkuwar fata. Shi ya kashe ƙaiƙayin, shi ya ɓoye garin, shi kuma ya ba ƙwayar makonni biyar tana cin karenta babu babbaka.

Da muka miƙe za mu fita, ta ce: "Malam, kai kuma ɗan cire hularka in gani." Ashe tun shigowarmu ta lura da gefen hancina. Na cire, a gaban yayana da matarsa da 'ya'yansa. Ta duba kai da bayan kunne da gira, ta ce nawa amosani ne na gaske, wanda ya yi ƙarfi har ya zama kumburin fata mai maiƙo, kuma man da nake shafawa ya soma sirantar mini da fatar fuska. Ta ce in janye shi a hankali, ta rubuta mini sabulun ruwa na wanke kai, ta ce: "Wannan ba a warkewa daga gare shi, amma ana riƙe shi."

Kunya ce ta sa na koma karatu, irin karatun da ya kamata in yi tun farko. Ashe tun 1874 wani masani Bafaranshe, Louis-Charles Malassez, ya duba garin amosani a madubin likita ya ga wata ƙwayar halitta dangin yis a cikinsa, wadda daga baya aka raɗa mata suna daga nasa, Malasiziya. Ƙwayar nan tana zaune a fatar kusan kowane baligi, mai amosani da marar shi, wanda yake wanka sau uku a rana da wanda yake yi sau ɗaya a mako. 'Yar'uwarta ce ma take kawo ƙyasbi a ƙirji da baya. A 2007 masu bincike suka warware tsarin halittar ɗaya daga cikin nau'o'inta, suka gano cewa ba ta iya ƙera wa kanta kitse, dole sai ta ci na wanda take zaune a jikinsa. Tana farfasa maiƙon da fatar kai ke fitarwa, ta ɗauki abin da take so, ta bar saura, a cikinsa har da wani sinadari mai suna olik. Fatar wasu ba ta damuwa da shi. Fatar wasu kuwa ba ta jure shi, sai ta harzuƙa ta riƙa sabunta kanta da gaggawa. A ƙa'ida ƙwayoyin fata sukan ɗauki kusan wata guda kafin su girma su mutu su zube ɗaya-ɗaya, ido ba ya gani. A kan mai amosani zagayen nan yakan ƙare cikin ƙasa da mako, sai su zubo a dunƙule, ɗanye-ɗanye, manne da juna. Abin da ya faɗa a kan shaddar Bamaraɗen nan ke nan.

Abu uku ke nan sai sun haɗu: maiƙo, da ƙwaya, da fatar da ba ta haƙuri. Shi ya sa yake somawa da balaga, ya fi tsanani a ƙuruciya, ya fi damun maza, ya lafa idan an manyanta. Shi ya sa kuma ba a ɗaukar sa daga wani, domin ƙwayar kowa yana da tasa. Masana suna ƙiyasta cewa kusan rabin baligan duniya suna fama da shi a wani mataki na rayuwarsu. Da na karanta wannan sai na tuna layin su Yaya, na ce ashe rabin hulunan nan da nake gani, daga zanna zuwa kube, abin da tawa ke rufewa suke rufewa. Gajiya da damuwa da rashin barci suna tayar da shi. Ni nawa ba ya kuskuren lokacin duba takardun jarrabawa.

Abin da ya fi ba ni takaici shi ne maganar mai. Masu nazarin ƙwayoyin cuta idan suna son rainon wannan ƙwaya a ɗakin gwaji, ɗaya daga cikin tsofaffin dabarunsu shi ne su zuba mata man zaitun a kan abincinta. Ni kuwa na shekara nawa ina yi mata wannan hidima kyauta, kowane dare. Ba albarkar zaitun nake musu ba, a ci shi a sha shi, amma a fatar kan mai amosani abinci ne ga abin da ake son kashewa. Man kaɗanya da man shanu ma kitse ne irin wanda take so. Basilin ba ta cin sa, sai dai yana liƙe garin ya tara shi.

Adalci shi ne in ce mahaifiyarmu ba ta yi kuskure gaba ɗaya ba, domin akwai bushewar fatar kai ta gaskiya, kuma Kano gidanta ce. Tsakanin Disamba da Fabrairu laimar iska takan sauka ƙasa da kashi 20 cikin 100, leɓe ya tsage, ƙafa ta yi faso, ƙwauri ya yi furu-furu, fatar kai ma ta bi sahu. Garin wannan ƙanana ne, busassu, farare tas, kuma da hunturu ya wuce shi ma ya wuce. Shi kam mai yana yi masa magani, haka rage sabulu mai kaifi da ruwa mai zafi sosai. Garin amosani ya fi girma, yana da danƙo, wani lokaci ya yi rawaya-rawaya, ba ruwansa da damina ko bazara, kuma yakan leƙa gira da gemu da gefen hanci da bayan kunne da tsakiyar ƙirji. A baƙar fata ba lalle a ga ja ba, sai dai wurin ya yi haske, wanda shi ke tsorata mutane su ruga neman man shafawa.

Maganin da ya riƙe mini shi bai kai kuɗin yadi biyu na matsakaiciyar shadda ba. Shamfu ne mai sinadarin ketokonazol kashi 2 cikin 100, ana wanke kai da shi sau biyu a mako na tsawon mako biyu zuwa huɗu, daga nan sau ɗaya a mako ko a mako biyu, ba ranar dainawa. Sirrinsa, wanda yawancinmu muke faɗuwa a kai, shi ne a cuɗa shi a fata, ba a gashi ba, a bar kumfar ta yi minti uku zuwa biyar kafin a ɗauraye. Minti biyar a banɗaki da sanyin Janairu, kana kallon bokitin ruwan zafinka yana hucewa, ba ƙaramin lokaci ba ne, kuma na tabbata da yawa daga masu cewa sun gwada bai yi musu ba, a nan suka gaza. Wanda ya yi wata guda bai ga sauyi ba yana iya komawa ga mai sinadarin seleniyom salfaid, ko da yake yana da wari kuma yakan sauya launin furfura da gashin da aka rina. Akwai mai zink firitiyon, wanda aka daɗe ana sa shi a shamfun kanti, amma Tarayyar Turai ta hana sa shi a kayan kwalliya tun watan Maris na 2022. Idan ɓawon ya yi kauri, mai sinadarin salisilik ko na kwalta yana taimakawa wajen ɓamɓare shi. Sitiroyid ma yana da gurbinsa, na 'yan kwanaki, idan likita ya ga kumburin ya yi yawa. Abin da ba shi da gurbi shi ne irin shafawar da na yi ta shekaru.

Gargaɗi ɗaya ba zan tsallake ba. Ketokonazol ɗin nan akwai shi na haɗiya, kuma wani mai kemis zai iya cewa ya fi saurin aiki. Tun 2013 hukumomin magunguna na Turai da Amurka suka taƙaita amfani da na haɗiyar saboda illar da yake yi wa hanta. Ba a sayar da hanta don a sayi tsabtar kafaɗar riga.

Hula ba ita ke kawo amosani ba, amma ba ta taimakonsa. Mutumin Kwari yakan sa ta tun hantsi har magariba, a shagon da iska ba ta ratsa shi, ga gumi, ga ƙurar yadi. Ya yi alwala ya shafi kai, ya mayar da ita a kan danshi. Mu kan kai ta wurin masu wankin hula ne idan bayanta ya dushe, ba idan cikinta ya yi maiƙo ba, domin bayan ne mutane ke gani. Yanzu ina da guda huɗu da nake juyawa, ina barin kai ya sha iska bayan alwala, a ofis kuma in ba baƙo ajiye ta nake yi a kan teburi.

Na mata ya fi namu wuya. Maiɗakina ce ta nuna mini haka ranar da nake yi mata wa'azin wanke kai sau biyu a mako. Ta ce in tambayi kuɗin kitso da kuɗin ruwan garuwa tukuna. Kitso yakan yi mako biyu ko uku, ana bin tsagarsa da mai, ga ɗankwali ga hijabi a sama. Abin da ya yi mata aiki shi ne wanki sau ɗaya a mako ko da kitson, tana cusa kumfar a tsakanin layuka, ta bari ya bushe sarai kafin ta ɗaura, man kuma ta mayar da shi jikin gashin maimakon fatar, tunda irin waɗannan shamfu suna busar da gashi.

Akwai lokacin da ya kamata a bar gwaje-gwaje a nufi asibiti: idan yaro ne, idan gashi yana zubewa wuri-wuri, idan akwai mugunya, idan ɓawon ya yi kauri ya tsallako goshi kuma akwai irinsa a gwiwa ko gwiwar hannu, domin wannan yana iya zama wani ciwon daban da ake kira soriyasis. Haka idan ya taso wa babba farat ɗaya da tsanani ya bazu, likita yakan so ya yi gwajin cuta mai karya garkuwar jiki, kuma an san yana yawaita ga masu ciwon karkarwa na Fakinsin. Ba mu rasa wurin zuwa ba. Akwai likitocin fata a Asibitin Koyarwa na Malam Aminu Kano, ga kuma asibitin Bela da Kanawa suka daɗe da saninsa kan ciwon fata.

Wani abu da har yanzu nake juyawa a raina, a matsayina na mai nazarin kasuwa, shi ne wannan. Babu mai saye da ya kai ɗan Kwari ƙwaƙƙwafi. Miƙa masa shadda ka gani: zai murza ta, ya shinshina, ya ɗaga ta a rana, ya duba hatimin bakinta, ya gaya maka ko Gezna ce ta Ostiriya ko kwaikwayo ce daga Sin, kuma da wuya ya yi kuskure. Mutumin nan dai shi ne zai taka zuwa Sabon Gari ya karɓi abin da zai shafa a fatar ɗansa daga hannun yaron shago, bai tambayi abin da ke ciki ba. Dalilin a ganina shi ne, yadi ana cinikinsa a fili da ɗaga murya, ciwon fata kuwa a raɗa ake faɗinsa, mai raɗa kuma so yake a sallame shi da wuri. A watan Fabrairun 2024 hukumar NAFDAC da takwararta PCN suka rufe shagunan magani fiye da 1,300 a kasuwar Sabon Gari da Malam Kato da titin Neja, aka umarci 'yan sari su koma cibiyar da aka gina musu a Dangwauro. Mataki ne da nake goyon baya, domin magani ba atamfa ba ne da za a jibge shi a rana. Sai dai mai nau'in uku-a-haɗe har gobe ana miƙa shi a kemis na unguwa ba tare da takardar likita ba, mata suna sayen irinsa don hasken fata, iyaye suna shafa wa jarirai don ƙurajen zafi. Kuma ko an rufe kowane shago a jihar nan, ba a rufe irina ba, masu rubuta magani a bayan rasit. Ƙaramin sani ƙunƙumi ne, in ji Hausawa, amma ni nawa a wuyan wani ya sauka.

Yaron ya sha maganinsa mako takwas, ana haɗa masa da madara kamar yadda Likita ta ce, ita ma yayar tasa ta sha nata ta warke ba tabo. Yaya ya saya wa gidan injin aski nasu na kansu. Kumburin ya sace, gashi ya dawo a gefe-gefe, amma tsakiyar wurin, kamar faɗin babban yatsa, ya zauna sumul yana sheƙi. Likita ta ce saiwar gashin ta mutu a nan. Yaya bai taɓa tayar mini da maganar ba, matarsa ma haka, har yau kuma Dakta suke kirana.

A hutun bazarar da ta wuce na je shagon na tarar da shi, ya kai shekara goma sha huɗu, an sa shi aikin da na taɓa yi. Babu wuta, janareton layin ya lalace, kowa yana fifita da kwali. Ni na cire hulata na ɗora a gwiwa. Na ga gumi yana bin gefen fuskarsa, na ce: "Kai ma cire taka ka sha iska mana." Ya yi murmushi ya ce: "Baffa, bar ta kawai," ya sa hannu ya ƙara tura ta baya ta sauka a kan ƙeyar. Yaya bai ɗago daga littafin bashin da yake dubawa ba. Can sai ga wata mata ta leƙo tana tambayar baƙar shadda, yaron ya jawo tsani ya hau.